Kaska, Mutuwar Aure da Muryar da Ta Ɓace: Nazarin Lamarin Wata Mawaƙiyar Kantiri

Wannan nazari ne a kan wata mawaƙiya 'yar Kanada wadda muryarta ta lalace tana tsakiyar ganiyarta, har ta yi shekara 15 ba ta fitar da sabon kundin waƙoƙi ba. Za mu riƙa ce mata "mawaƙiyar" kawai. Duk abin da ya shafi jikinta da cikin gidanta a nan, ita ce ta faɗe shi da bakinta a hirarraki da kuma littafin tarihin rayuwarta.

Kiɗan da take yi shi ne kantiri, waƙoƙin mutanen karkarar kudancin Amurka, na jita da goge da labaran soyayya da talauci da kewar gida. Wanda ya taso yana jin su Don Williams da Dolly Parton a rediyo ya san irinsa. Hedikwatar sana'ar ita ce birnin Nashville a jihar Tennessee.

Asali: 1965 zuwa 2002

An haife ta a watan Agusta 1965 a Windsor, lardin Ontario, ta girma a Timmins, garin masu haƙar ma'adinai can arewa inda sanyi ke tsanani. Gidansu na talakawa ne, wani lokaci ta je makaranta babu abincin rana. Tana shekara 8 ta fara waƙa a mashaya. Da yake doka ba ta yarda yaro ya shiga wurin ana sayar da giya ba, sai tsakar dare, bayan an rufe ciniki, ake tashin ta daga barci a kai ta ta rera wa sauran mutanen da ba su watse ba. Takan samu kamar dala 20 a dare, kuɗin kuma na cefanen gida ne.

A watan Nuwamba 1987 mahaifiyarta da mijin mahaifiyar, wanda ya riƙe ta tun tana ƙarama, suka rasu a haɗarin mota. Tana da shekara 22. Riƙon ƙannenta ya dawo kanta, ta kama aikin waƙa a wani wurin shaƙatawa a garin Huntsville na lardin Ontario tana ciyar da su da albashin. Ke nan tun yarinta murya ita ce gonarta, ita ce jarinta, ba ta da wata sana'ar da za ta koma wa.

Kamfanin Mercury na Nashville ya ɗauke ta, kundinta na farko ya fito a 1993 bai yi wani tasiri ba. A shekarar ne ta haɗu da wani fitaccen furodusa na kiɗan rok, suka yi aure a watan Disamba. Daga nan komai tare suke yi, su rubuta waƙa tare, shi ya haɗa kiɗa ya tace sauti. Kundin 1995 ya sayar da kwafi sama da miliyan 10 a Amurka kaɗai. Na 1997 ya haura miliyan 40 a duniya, babu wani kundin kantiri da ya taɓa kai shi. Na Nuwamba 2002 shi ma ya tsallake miliyan 10 a lissafin Amurka, kuma an fitar da shi kala uku, waƙoƙi ɗaya kiɗa daban: ɗaya na kantiri, ɗaya na zamani, na ukun da kayan kiɗan Indiya waɗanda aka ɗauka a Mumbai, irin sautin da masu kallon fim ɗin Indiya za su gane nan take. Ta ci Grammy, babbar kyautar mawaƙa ta Amurka, sau 5. Tana zaune a Suwizalan da mijinta da ɗansu da aka haifa a 2001.

Farkon ciwo: 2003 zuwa 2004

A 2003 tana hawan doki a yankin Norfolk na jihar Virginia, kaska ta cije ta. Ta ce ta ga kaskar lokacin da ta faɗo daga jikinta, kuma wannan sa'a ce, don yawancin masu kamuwa ba sa ganin komai. Ba irin kaskar da muke cirewa a kunnen kare ko hantsar saniya ba ce, mai kumbura kamar wake. Wannan ƙaramar kaskar barewa ce, kafin ta balaga ba ta kai ƙwayar riɗi ba, cizonta kuma ba ya zafi.

Abin da take ɗauke da shi ƙwayar bakteriya ce mai suna Borrelia burgdorferi, mai haddasa cutar Lyme. Sunan cutar daga garin Lyme ne a jihar Connecticut, inda a 1975 aka lura yara da yawa na fama da kumburin gaɓoɓi ba a san dalili ba. Sai a farkon shekarun 1980 wani mai bincike, Willy Burgdorfer, ya gano ƙwayar a cikin kaska. Galibi sai kaskar ta manne a fata fiye da kwana guda kafin ta zuba cutar. Alamar farko ga mafi yawan mutane jan tabo ne mai faɗaɗa a wurin cizon, sai zazzaɓi da kasala. In ƙwayar ta bazu, takan taɓa gaɓoɓi, zuciya, ko jijiyoyi. Maganinta na kashe bakteriya ne, kamar doksisaikilin, na 'yan makonni.

Mawaƙiyar tana cikin babban rangadin wasanni da ya fara a Satumba 2003 ya ƙare a Yuli 2004. Ta ce jiri ya riƙa ɗibar ta a kan dandamali, ƙafarta ba ta tsayawa daidai, har tana tsoron ta faɗo cikin 'yan kallo. Ga kuma wata ɗaukewar hankali ta ƙiftawar ido da ke zuwa mata a kai a kai, kusan kowane minti. Aka gano Lyme ce, aka yi mata magani, jirin ya tafi. A takardar likita, ciwo ya warke.

Sai dai muryar ba ta dawo yadda take ba. Ta rasa ƙarfi, ta rasa iko a kanta. Iska na zurarewa, sautin da take nufi ba shi ke fitowa ba. Babu wanda ya haɗa wannan da kaskar a lokacin.

Abin da aka fara gwadawa: hutu, 2004 zuwa 2008

Bayani mafi sauƙi shi ne gajiya. Mace ta yi wata goma tana waƙa a manyan filaye, ga ƙaramin yaro, dole maƙogwaro ya gaji. Maganin gajiya kuwa hutu. A Nuwamba 2004 ta fitar da tarin fitattun waƙoƙinta na baya da 'yan sababbi kaɗan, ta koma gida Suwizalan.

Hutu na warkar da kumburin tantanin murya, yana taimakon wanda ya yi ihu har muryarsa ta dishe. Nata bai motsa ba. Shekara ta wuce, biyu suka wuce. Abin ma ya wuce waƙa ya shiga maganar yau da kullum. Ta ce ko karenta ba ta iya ƙwala wa kira, in wuri da hayaniya kuwa sai ta yi shiru don ba a jin ta. Masoyanta a waje sun ɗauka ta zaɓi zaman gida da renon ɗa ne, ita ma ba ta gyara musu zato ba.

Mutuwar aure: 2008 zuwa 2010

Ana kukan targaɗe sai ga karaya. A watan Mayu 2008 aka sanar da rabuwarta da mijinta bayan shekara 14. Bisa abin da ta bayyana, ya yi mu'amala ne da babbar aminiyarta, wadda ke shiga gidansu tana fita. An kammala sakin a Yuni 2010.

Ga sana'arta asarar ninki uku ce, don mutum ɗaya ne miji, abokin rubuta waƙa, kuma furodusa. Tun 1993 ba ta shiga situdiyo ta yi babban aiki ba tare da shi ba.

Ga ciwon muryar kuma, rabuwar ta kawo sabon bayani wanda ya fi na gajiya karɓuwa: baƙin ciki ne ya shaƙe ta. Ita kanta ta yarda da haka. Ta waiwayi yarintarta, faɗan da take gani tsakanin iyayenta, yunwa, mutuwar 1987, fargabar hawa dandamali da ta daɗe tana ɓoyewa, ta ga kamar duk abin da ta haɗiye shekara da shekaru ne ya taru ya toshe maƙoshi. Abin da aka gwada a wannan zango ya bi wannan fahimta: neman shawarar masana halayyar ɗan Adam, rubuta abin da ke ranta, ƙoƙarin saki jiki. Hankalinta ya fara kwanciya. Ranar 1 ga Janairu 2011 ta sake aure a Puerto Rico, kuma wanda ta aura shi ne tsohon mijin waccan aminiyar, mutumin da suka sha ɗaci ɗaya. Muryar dai tana nan yadda take.

An sa wa ciwon suna: 2011

A 2011 ta fito da littafin tarihin rayuwarta, ta kuma yi wani gajeren shirin talabijin a tashar Oprah Winfrey inda kyamara ke bin ta tana neman muryarta. A wannan lokaci ƙwararrun murya a Nashville suka duba ta suka ce disfoniya ce.

Kalmar tana da nauyi a baki, amma ma'anarta kawai "murya ba ta fita daidai". Kamar likita ya ce maka kana da zazzaɓi ne, bai ce na sauro ba ne ko na taifot. Abin da aka gani a zahiri shi ne naman da ke kewaye da maƙogwaronta yana ɗaurewa yana matse shi in za ta yi sauti. Irin wannan ɗaurewa damuwa na kawo ta, saboda haka binciken ya yi daidai da bayanin baƙin ciki. Aka ɗora ta a kan horon murya da motsa jiki: sassauta wuya da kafaɗa, gyara numfashi, koyon fitar da sauti ba tare da matsi ba.

Wannan karon an ga canji. A Yuni 2011 ta saki sabuwar waƙa guda ɗaya. Mawaƙi Lionel Richie ya matsa mata har ta yarda suka rera wata tsohuwar waƙarsa tare, aka fitar a 2012. A situdiyo ana iya maimaita baiti sau ashirin a zaɓi mai kyau, don haka wannan bai nuna ta warke ba. Ya dai nuna akwai abin da ya rage.

Zama wuri ɗaya: Disamba 2012 zuwa 2015

Maimakon rangadi, sai ta karɓi kwantiragin zama wuri ɗaya tana wasa a birnin Las Vegas na Amurka, a zauren Colosseum na otal ɗin Caesars Palace mai ɗaukar mutum sama da 4,000. Ta fara ranar 1 ga Disamba 2012, ta gama a Disamba 2014, wasa 105.

Las Vegas hamada ce, kuma duk wanda hunturu ya taɓa busar wa da maƙoshi ya san abin da busasshiyar iska ke yi wa murya. Amma zauren, wanda aka buɗe a 2003, an gina shi ne domin mawaƙiya Celine Dion, da na'urar sanya danshi a iskar dandamali. Sauran fa'idojin a bayyane suke. Babu hawa jirgi kowace rana, babu sauyin yanayi daga gari zuwa gari. Lasifika ɗaya, injiniyan sauti ɗaya, jerin waƙoƙi ɗaya. Wasa 105 a wata 24 bai fi ɗaya a mako ba in aka raba, kuma ana yin su ne rukuni rukuni da dogon hutu a tsakani. Har dawakai ta shigo da su cikin wasan, duk da a kan doki ta gamu da kaskar.

Kuɗin da ta biya shi ne wahalar shiri. Kafin kowane wasa sai ta yi sama da awa guda tana ɗumama murya da motsa jiki, kamar ɗan dambe kafin ya shiga fage. A 2015 ta yi rangadin Amurka da Kanada, na farko cikin shekara 11, ta kuma sanar cewa na ban kwana ne. A yadda take ji a lokacin, muryar ba za ta ɗauki wani ba.

Gano bakin zaren

A cikin maƙogwaro, bayan guringuntsin da ke turowa a gaban wuya, akwai tantani biyu da masu nazarin furuci ke kira tantanin maƙwallato. A mace tsawon kowanne bai kai santimita 2 ba. In za a shaƙi iska sai su buɗe, in za a yi sauti sai su haɗu su rufe, iskar huhu ta bi ta tsakaninsu tana karkaɗa su, kamar sau 200 a daƙiƙa a maganar mace. Jijiyoyin da ke ba su umarni rassa ne na wata doguwar jijiya da ta sauko daga ƙwaƙwalwa. In jijiyar ta yi rauni, tantanin ba ya shanyewa gaba ɗaya, amma ba ya isa tsakiya da ƙarfi. Sai a bar 'yar kafa, iska ta riƙa tsiyaya, kamar mai hura algaita da tsagaggen bututu. Jiki kuma ba ya zama haka nan. Naman wuya sai ya taso ya matse maƙogwaron don ya toshe kafar. Mai dubawa daga waje matsin zai gani.

Mawaƙiyar ta ce an shafe shekara shida zuwa bakwai tana yawon likitoci kafin wani ya bi ta hanyar jijiya, ya gano cewa jijiyoyin tantanin biyu, hagu da dama, sun samu lahani, ya kuma danganta shi da Lyme ɗin 2003. Maganin da ta sha ya kashe ƙwayar, amma ɓarnar da ta riga ta yi ta zauna. A 2017 ta fito fili ta faɗi wannan.

A Satumba na shekarar ta saki sabon kundi, na farko tun 2002. Ita kaɗai ta rubuta waƙoƙin duka, ba tsohon mijin. Ya shiga jadawalin Billboard na Amurka a matsayi na ɗaya. Masu sauraro sun lura muryar ta yi ƙasa, ta yi kauri, wasu masu sharhi kuma sun yi ƙorafin an tace ta da na'ura fiye da kima.

Tiyata: 2018

A 2018 aka yi mata aikin buɗe maƙogwaro ta waje, ta ce sau biyu. Ba irin aikin da ake yi wa mawaƙa ta baki a kankare ƙari a kan tantani ba ne. Tushen wannan dabara likitan Japan ne, Nobuhiko Isshiki, wanda ya bayyana ta a 1974. Ana yanka fatar gaban wuya, a huda 'yar taga a jikin guringuntsin, a tura wani abu ta ciki ya dafa tantanin da ya yi rauni ya matso da shi tsakiya. Ita Gore-Tex aka sa mata, wani laushin abu da ake rigar ruwa da shi, ake kuma yin jijiyar jini ta roba da shi.

Abin da ya fi ba mutane mamaki shi ne ba a sa majinyaci barci. Allurar kashe zafi ake yi a wuya, mutum na kwance idonsa biyu, an zura siririyar kyamara ta hanci ana kallon tantanin a allo. Likita ya tura zaren Gore-Tex kaɗan, ya ce yi sauti. In iska na fita, ya ƙara. In muryar ta shaƙe, ya ja baya. Da kunne ake auna aikin, kamar mai ɗaure tsirkiyar garaya yana kaɗawa yana saurare. Ita an sa ta rera waƙa ne wuyanta a buɗe. Ta ce ta shiga da sanin cewa tana iya fitowa babu muryar waƙa sam, kuma jinyar bayan aikin ta yi zafi ƙwarai, da makonni na rashin magana.

Aikin ba ya gyara jijiya. Ita da kanta ta kwatanta abin da aka sa mata da sandunan guragu.

Bayan aiki: 2019 zuwa 2024

Ƙarfin murya ya dawo, tana iya ɗaga ta ta yi kira. Dogon shirin kafin wasa ya ragu. A Disamba 2019 ta fara zama na biyu a Las Vegas, a otal ɗin Planet Hollywood. Annobar korona ta katse shi a Maris 2020, aka ci gaba a ƙarshen 2021, aka rufe a Satumba 2022. A Fabrairu 2023 ta fitar da wani kundin ta bi shi da rangadin Amurka, Kanada da Birtaniya, shekara 8 bayan wancan "ban kwana". A Mayu 2024 ta buɗe zama na uku a Las Vegas, a ƙarshen Yuni kuma ta hau babban dandamalin bikin waƙoƙi na Glastonbury a Ingila tana da shekara 58.

Tsohuwar muryar ba ta dawo ba. Ta yanzu ta fi zurfi, da ɗan kaushi, kuma a wasu wasannin ana jin tana kokawa da manyan sautuka, 'yan amshi da 'yan kallo na tallafa mata.

Hukunci

In aka jera kwanakin, abu ɗaya ya fito fili: muryar ta lalace a 2003 zuwa 2004, auren ya mutu a 2008. Shekara huɗu ne a tsakani. Baƙin cikin saki ba zai haifar da ciwon da ya riga shi zuwa ba. Amma labarin macen da aminiyarta ta ci amanarta har muryarta ta ɗauke ya fi labarin kaska daɗin faɗa, ya dace da irin waƙoƙin da kantiri ya ginu a kai, ya kuma dace da abin da ita kanta take ji a ranta. A ganina wannan ne ya fi komai jawo jinkiri. An bar jaki ana dukan taiki, kuma taikin ma yana da ƙurar da ke tashi in an doke shi, shi ya sa kowa ya ɗauka ana kan hanya.

Hutu ya gaza don ba kumburi ba ne. Neman kwanciyar hankali ya yi mata amfani a rayuwa, kuma ba don shi ba da wuya ta iya tsayawa gaban mutum 4,000, amma bai taɓa jijiyar ba. Horon murya na 2011 ya yi aiki rabi, don matsin da ya sassauta na gaske ne, sai dai matsin ɗa ne, ba uwa ba. Da an tsaya a kansa, da ban kwanan 2015 ya tabbata. Zaman Las Vegas na farko shi ne shawarar da ta fi hikima a duk tafiyar, don ya rage duk abin da ke iya ragewa daga nauyin da ke kan murya mai rauni, ya bar ta tana aiki kafin a kai ga tiyata. Tiyata ta yi nasara ne saboda ita kaɗai ta nufi kafar da iska ke bi.

Bai kamata a ɗora wa likitocin farko laifi mai yawa ba. Lyme ta fi shahara da shanye gefen fuska da kumbura gwiwa, taɓa jijiyar maƙogwaro ba kasafai take yi ba, kuma rauni a ɓangarorin biyu ya fi wuyar ganewa, don babu lafiyayyen gefe da za a gwada da shi. Haka kuma ba kowane mai irin ciwonta ke da abin da take da shi ba. Mai kwafi miliyan 40 tana iya shekara bakwai ba ta aiki tana zagayen ƙwararru. Mawaƙiyar da ke rera wa mashaya a dala 20, wato ita kanta a da, da tuni ta nemi wata sana'a ba tare da ta taɓa jin sunan abin da ya same ta ba.

Lahanin jijiyar yana nan har yau, abin da aka dasa yana riƙe da tantanin ne kawai. Ta faɗa a hirarraki cewa aikin ba lallai ya ɗore har abada ba, wata rana ana iya sake buɗe wuyan, ko kuma ta haƙura da waƙa.